Wai ci gaban The Dark Knight Returns ya rusa na farkon, kuma da gaske Batman ɗin Miller kisa yake yi?

TAMBAYA: Assalamu alaikum Malam, barka da ƙoƙari. Ni ɗalibi ne, ina ɗan taɓa zane, kuma sai da na yi wata uku ina tari kafin na samu wani yayana da zai dawo daga waje ya sayo mini The Dark Knight Returns na Frank Miller. Na karanta shi sau biyu, wallahi ban taɓa karanta komik da ya tsaya mini a rai haka ba. To sai na kalli wani bidiyo a YouTube, mai shi yana cewa wai littafin ba kanon ba ne, duk abin da ke ciki bai faru ba, sannan wai ci gaban da aka yi masa sun lalata shi har ba shi da sauran daraja. Wani abokina kuma ya ce a'a, shi ne ma asalin ƙarshen Batman, kuma shi ya tabbatar da cewa Batman na gaskiya kashe mutane yake yi, dokar rashin kisan nan ta yara ce. Yanzu na rasa na wa zan ɗauka, ji nake kamar na yi asarar kuɗina. Shin sai na sayi sauran sannan labarin zai cika? Kuma ina rubuta nawa labarin, a kan wannan Batman ɗin nake so in gina jarumina, kar in je in yi gini a kan ƙarya. Na gode.

AMSA: Wa alaikumus salam ƙanena. Da farko dai ka kwantar da hankalinka, ba ka yi asarar ko sisi ba. Abin da ke hannunka labari ne cikakke, kashi huɗu ne da suka fito a 1986 aka haɗe su wuri ɗaya, ya fara a inda ya kamata ya ƙare a inda ya kamata, kuma shekara goma sha biyar cur ya yi a duniya ba shi da wani ci gaba, babu wanda ya ce bai cika ba. Don haka maganar sai ka sayi sauran ba ta ma taso ba.

Batun kanon kuwa, ba Kanon Dabo ba, wato labaran da kamfani ya amince cewa su ne suka faru a tarihin jarumin, wannan kalmar da 'yan YouTube suka mayar kamar hukuncin kotun ƙoli, mai bidiyon ya faɗi gaskiya rabi sannan ya ɗora shirme a kai. E, littafin ba ya cikin babbar silsilar labaran Batman da kamfanin DC ke fitarwa duk wata. Amma ai tun ranar farko ba a ce yana ciki ba. Miller yana da shekara 29 lokacin, shi da kansa ya sha faɗa cewa abin da ya dame shi shi ne ya ga yana shirin girmar Batman a shekaru, sai ya ce bari ya mayar da mutumin dattijo ɗan 55 da ya yi shekara goma da ajiye aiki ya ga me zai faru. Shi ke nan asalin abin. Ba tarihin gobe ya zauna rubutawa ba. In kana son hujja ka duba Sarah, matar Gordon kwamishinan 'yan sandan Gotham, a littafinka tana raye har tsufansu, amma a babbar silsilar Joker ya harbe ta a ƙarshen No Man's Land a 1999. Jason Todd ma, Robin na biyu, wato yaron da ke taya Batman aiki, da mutuwarsa ta sa Bruce Wayne, shi Batman ɗin, ya ajiye kaya a littafinka, a 1986 yana nan da ransa a komik ɗin wata-wata, sai a 1988 aka kashe shi bayan masu karatu sun kaɗa ƙuri'a ta waya, 5,343 suka ce ya mutu 5,271 suka ce a bar shi, tazarar 72 kacal, sannan a 2005 aka sake dawo da shi da rai. To wanne ne "ya faru" a nan?

Ni abin da ke ƙona mini rai da masu wannan magana shi ne suna ɗaukar rajistar kamfani kamar wahayi. DC ta share duniyoyinta masu yawa ta mayar da su ɗaya a Crisis on Infinite Earths a 1985 zuwa 1986, ta sake gyara lissafi a Zero Hour a 1994, bayan Infinite Crisis ta dawo da duniyoyi 52, a nan ne aka ba duniyar Miller lamba, aka ce ita ce duniya ta 31. Ana nan kuma bayan sabon zubin da DC ta yi wa labaranta a 2011 sai ga lamba 31 ɗin an ba wata duniya da ruwa ya cinye, inda Batman yake ɗan fashin teku. Ka ga kenan kamar ofishin filaye ne da ke ba mutum biyu takardar fili ɗaya. Daga baya ma, wajen 2021, kamfanin ya gaji da kansa ya koma cewa kusan duk labaran sun faru. Edita ɗaya in ya sauka wani ya hau, kanon ya canza. Shafin da Miller ya zana, Klaus Janson ya bi da tawada, Lynn Varley ta sa kala, yana nan yadda yake, babu wata takardar ofis da za ta shiga cikin jakarka ta goge shi.

Su kuma ci gaban ga yadda suke a gurguje, tunda da tsadar dalar nan bai kamata ka sayi abu ido rufe ba. The Dark Knight Strikes Again kashi uku ne, 2001 zuwa 2002, an ɗora shi shekara uku bayan na farkon. Carrie Kelley, yarinyar da ta zama Robin a littafinka, ta bar Robin ta koma Catgirl, maƙiyan Superman Lex Luthor da Brainiac ne ke juya Amurka ta bayan fage, shugaban ƙasar ma hoton kwamfuta ne ba mutum ba, Batman na bi yana kwance tsofaffin jarumai ɗaya bayan ɗaya, akwai Atom da aka kulle a ɗan faranti na ɗakin gwaji, akwai Flash da aka sa shi gudu a cikin ƙatuwar taya yana ba ƙasa wutar lantarki. Dabarun akwai daɗi. Zanen ne ya raba kan mutane, manyan ƙafafu da hannaye, bayan fage babu komai, kalar kwamfuta mai kashe ido, kuma harin 11 ga Satumba ya faru Miller na tsakiyar aikin, kana karanta kashi na ƙarshe za ka ji hayaƙin a ciki. Ni ina cikin 'yan tsirarun da ba su tsane shi ba, amma ba zan ce ka cire kuɗin makaranta ka saya ba.

All Star Batman and Robin da Jim Lee ya zana daga 2005 zuwa 2008 ya tsaya a fitowa ta 10 ba a ƙarasa ba har yau, kuma shi labarin ƙuruciyar wannan Batman ɗin ne, wanda yake ɗauke Dick Grayson, Robin na farko, ya jefa shi a kogo ya ce in yana jin yunwa ya kama ɓera ya ci. Zane kamar ka lashe, rubutu kuwa sai addu'a. Dark Knight III: The Master Race kashi tara ne, 2015 zuwa 2017, Brian Azzarello ya taya rubutu, Andy Kubert ya zana, 'yan birnin Kandor ne, birnin 'yan duniyar Superman da aka ƙanƙance aka sa a kwalba, masu tsattsauran ra'ayi suka fito daga kwalba da ƙarfin Superman, ya fi na biyun nutsuwa amma a ƙarshe an tsoma Bruce a ramin Lazarus ya dawo saurayi, wanda a ganina wannan ya zubar da gishirin abin gaba ɗaya, don tsufan nan da ciwon gaɓɓai da zuciya mai shirin tsayawa su ne labarin. Sai ƙananan guda biyu, The Last Crusade na 2016 da John Romita Jr. ya zana, da The Golden Child na 2019 da Rafael Grampá ya zana. Shi ke nan. Babu ko ɗaya a ciki da ya zama dole.

Yanzu mu zo kan abokinka, don a nan ne gizo ke saƙa, kuma wallahi babu satin da zai wuce ban ji wannan maganar ba, ko a aji ko a hira, wai Miller ya tabbatar Batman na gaskiya makashi ne. Mafi yawan masu faɗar haka ba su taɓa buɗe littafin ba. Guntun bidiyo na minti ɗaya suka gani, wani ya yanko akwati uku daga shafi ya ɗora kiɗa mai tsoratarwa yana magana da murya ƙasa-ƙasa, shi ma kuma daga wani bidiyon ya kwaso. Kai da littafin ke hannunka ka fi su hujja, sai dai ba ka sani ba. Ɗauko shi mu bi tare.

Je kashi na biyu, wurin juji, inda Batman ya shigo wa 'yan daban Mutants da motar nan da ta koma tankar yaƙi. Yana ta ɓarin wuta, to me ya ce a zuci? Harsashin roba ne, har da ɗan rantsuwarsa ta zolaya. Sannan ga shugaban daban a tsaye a gabansa yana ƙalubalantarsa, yatsan Bruce na kan maɓalli, ya san dannawa ɗaya ta gama magana, Alfred mai yi masa hidima ma na roƙonsa kar ya fita, amma ya ce yin haka ketare layin da ya ja wa kansa ne shekara talatin da suka wuce. Ya kashe makaman, ya fito da ƙafarsa, ya sha dukan da ya kusa aika shi lahira, ba don Carrie, yarinya 'yar 13, ta shigo ba da an gama. Wanda kisa ba komai ba ne a wurinsa me zai sa ya ɗauki wannan wahalar? Da suka sake haɗuwa a cikin taɓo ma karya shi ya yi gaɓa-gaɓa a gaban yaransa don ya kashe masa kwarjini, bai kashe shi ba.

Je kashi na uku. Joker, wanda ya farka daga suman shekara goma tun a kashi na farko, ya kashe duk mutanen da ke ɗakin shirin talabijin, ɗaruruwa, ya je wurin wasan yara ya raba alewa mai guba. Batman ya bi shi yana ta faɗa wa kansa cewa yau ƙarshenta kenan, yana lissafa mutanen da suka mutu saboda ya bar wannan mutumin da rai. Ya soke masa ido, Joker na ta luma masa wuƙa a ciki, ya kama wuyansa ya murɗe, sannan ya tsaya. Ya shanye masa jiki amma bai ƙarasa ba. Joker na kwance yana masa dariyar cewa ko yanzu ma bai da zuciyar yi, sai shi ya ƙarasa murɗe wuyan kansa don a ɗora wa Batman laifin kisa. Duk nauyin wannan wuri, duk ɗacinsa, ya rataya ne a kan cewa mutumin ya kasa kisa ko a ranar da ya fi kowace rana dalili. In ka ce dama can yana kisa, to dariyar Joker ta me ce? Tarkon da ya ɗana na mene ne? Na san akwai masu cewa kalar akwatin maganar Joker ta canza a wurin, don haka wai Batman ne ya kashe shi yake yaudarar kansa. Hasashe ne mai daɗin hira, ban hana ka yi shi da abokai ba, amma ko shi ɗin in ka karɓa abin da yake nunawa shi ne mutumin da kisa ya yi wa nauyin da sai ya ƙirƙiro wa kansa ƙarya, wanda wannan ma ya saɓa wa abin da abokinka ke faɗa.

To ina hujjarsu take? Akwati ɗaya ne tak, kuma zan faɗe shi don kar a ce na ɓoye. A kashi na biyu 'yan Mutants sun sace wani ƙaramin yaro, ɗaya ta ɗora masa bindiga a ka tana cewa a yarda da ita za ta harba, Batman ya fasa bango ya ƙwace mashingan daga hannun ɗayan, ya harba, ya ce ya yarda. Ana ganin wani abu ya fantsama a bango bayanta. Ba a nuna inda harsashin ya samu ba, ba a ce ta mutu ba. Wannan akwatin ne darakta Zack Snyder ya kafa hujja da shi a hira lokacin fim ɗinsa Batman v Superman na 2016, daga nan kuma maganar ta bazu kamar wutar daji. Amma juya shafi zuwa kashi na uku, inda sabuwar kwamishinar 'yan sanda Ellen Yindel, wadda ba ta ƙaunar Batman ko kaɗan, take karanta laifukan da ta fitar da sammacin kama shi a kansu: fasa gida, duka da raunata mutane, zama barazana ga jama'a. Babu kisa. Sai bayan an tsinci gawar Joker aka ƙara kisa a jerin. Da ya kashe wata a gaban shaidu, kana ganin matar da ke neman sa ruwa a jallo za ta manta? Likitan nan Wolper da ke kwana a talabijin yana zaginsa zai yi shiru? Haba.

Kuma kar wani ya ce na ce bai taɓa bindiga ba a littafin, ya taɓa, ya harba igiya da doguwar bindiga tsakanin benaye biyu a rikicin Two-Face, ya yi harbi don tada abin fashewa lokacin da yake tsere wa 'yan sanda. Mutumin ba waliyyi ba ne, yana karya ƙashi yana jin daɗi, yana tsorata mutum har ya saki fitsari, kuma littafin bai ɓoye cewa akwai ciwo a kansa ba.

Amma wurin da nake so ka zauna a kai, ka ɗauki fensir ma ka kwafe shi don koyo, yana kashi na huɗu. Makamin nukiliyar Sobiyat ya tashi, wuta ta ɗauke a duk Amurka, gari ya rikice, jirgi ya faɗo kan bene. Tsofaffin 'yan Mutants da suka fenta jemage a fuska suka kira kansu 'ya'yan Batman sun taru a juji da bindigogi za su shiga su ƙone Gotham da sunan tsarkake ta. Sai ga dattijon a kan doki, ciki duk ɗinki. Ya karɓi bindiga daga hannun ɗaya daga cikinsu, ya ɗaga ta kowa na gani, ya karya ta gida biyu, ya ce wannan makamin maƙiyi ne, ba ma buƙatarsa, ba za mu yi amfani da shi ba. Ya ce musu a daren nan da hannuwansu da ƙwaƙwalwarsu za su yi aiki. Wannan shafin ba a ɓoye yake ba, ba sai an sa tabarau ba, amma ban taɓa ganin mai guntun bidiyo ya yanko shi ba, don ba zai kawo masa 'yan kallo ba.

Ka kuma lura da su waye waɗannan yaran. Su ne suka ga Batman ya doke shugabansu, suka ɗauki duka da tsoratarwa suka bar duk sauran. A labaran talabijin na cikin littafin ana faɗar aika-aikarsu, har da yanke wa wani mai tsaron kanti yatsu wai don bai yi faɗa da 'yan fashin da suka shigo masa ba. Wato Miller tun a 1986 ya riga ya zana irin mai karatun da zai fahimce shi a karkace, ya sa shi a cikin labarin, ya sa Batman ya zo ya karya masa bindiga. Abokinka bai san shi aka zana ba. Kuma mu nan ba sai an yi mana dogon bayani a kan abin da ke faruwa ba idan taro ya yanke wa mutum hukunci a bakin kasuwa, an yi ihun ɓarawo, kafin a tambayi me ya sata an gama da shi. Shi ya sa ba na ɗaukar maganar nan a matsayin musun 'yan komik kawai, yaro ɗan 15 da aka koya wa cewa jarumin gaske shi ne wanda ya daina tambaya ya fara kisa, ba a takarda abin yake tsayawa ba.

Daga ina ruɗanin ya samo ƙarfi? Daga ci gaban, kuma a nan tambayoyinka biyu suka haɗu. A Strikes Again Batman na zaune yana kallo ɗan Hawkman ya fasa kan Luthor, har yana yaba masa, a ƙarshe kuma ya jefa Dick Grayson, wanda aka mayar dodo, cikin narkakken dutse. Na All Star kuwa dariya yake yana cin zalin yaro. Sai mutane suka kwaso wannan suka dawo da shi baya suka shafa wa na 1986, kamar a ce tunda mutum ya lalace a tsufa to dama can tun yana saurayi lalatacce ne. Marubuci ɗaya ne, e, amma ba mutum ɗaya ba ne, shekara goma sha biyar zuwa ashirin sun shiga tsakani. Wannan Miller ɗin na baya shi ne ya fara wani labari na Batman da al-Qaeda, abin bai fito a DC ba, ya cire Batman ya sa wani jarumi, ya fito a 2011 da sunan Holy Terror, littafin da ya sha suka sosai saboda yadda ya yi wa Musulmi kuɗin goro, kuma shi kansa a wata hira a 2018 ya ce ba zai iya sake yin irin wannan littafin ba. Ban kawo wannan don ka ƙi karanta shi ba, na kawo ne don ka san cewa sunan marubuci a bango ba ya mayar da littattafai biyu abu ɗaya.

Masu ɗan karatu a cikin masu cewa makashi ne kuma sai su ce ai Batman na 1939 yana kisa. Gaskiya ne, a farkon Detective Comics ya riƙe bindiga, a Batman na 1 a 1940 ya yi ɓarin wuta daga jirgi, daga nan edita Whitney Ellsworth ya hana. To abin da bai kai shekara biyu ba ne zai zama asali, na shekara tamanin da ɗoriya ya zama jabu? Haka kuma masu cewa Miller ne ya ceto Batman daga wasan yaran shirin talabijin na Adam West na 1966, su ma sun tsallake Denny O'Neil da Neal Adams da suka mayar da shi cikin duhu tun farkon shekarun 1970.

Kuma an gwada abin da abokinka ke so, ba a bar shi a baki ba. Bayan 1986, da wannan littafin da Watchmen suka yi kasuwa, kamfanoni suka ɗauka duhu da jini ne sirrin, aka cika kanti da jarumai masu cije haƙora da bindigogin da suka fi su girma da aljihuna ɗari a ɗamara. A 1993 a Knightfall Bane ya karya bayan Bruce, aka ba Jean-Paul Valley rigar, ya sa sulke mai farata, ya bar mutum ya mutu yana kallo, editocin da gangan suka yi don su nuna wa masu neman mugun Batman abin da suke roƙo, kuma ba a daɗe ba masu karatu suka fara kukan a dawo musu da Bruce. A 1996 Mark Waid da Alex Ross suka yi Kingdom Come, wanda kusan gaba ɗayansa raddi ne ga wannan zamanin. Alan Moore, marubucin Watchmen, ma ya sha nuna takaicinsa kan abin da aka kwaikwaya daga aikinsa. An ɗauki ɓawo an zubar da ƙwaya.

Kwanaki wani yaro ya kawo mini shafi shida da ya zana, hannunsa mai kyau ne ƙwarai, ya fi ni a shekarunsa. Jarumi a kan rufin kasuwa, ruwa na zuba, ya diro, ya karya wuyan mutum uku, shafi na shida yana tsaye a kan gawa. Na ce masa me mutanen suka yi? Ya ce miyagu ne. Na ce wa ya faɗa? Ya yi shiru. Na ce jarumin me yake tsoro, me zai rasa, akwai abin da ya rantse ba zai yi ba ko da za a kashe shi? Ya ce ai shi ba ya tsoron komai, irin na Miller ne. Sai na buɗe masa farkon littafin na ce ƙirga akwatunan shafin nan. Ya ƙirga, goma sha shida. Na ce to dubi yadda aka yanka daren da aka kashe iyayensa, bakin bindiga ya sarƙe da sarƙar wuyan uwar, duwatsun sarƙar na warwatsewa ɗaya-ɗaya, ƙananan akwatuna a matse kamar mutum na shan numfashi da ƙyar, Bruce tsoho na canza tashar talabijin kowace tasha kisa ake faɗa, an riƙe ka an riƙe ka, sai da aka gama matse ka sannan aka buɗe maka shafi guda cikakke. Wannan ne Miller. Ƙananan allunan talabijin ɗin nan da ke ta musu a kansa, wannan na cewa gwarzo ne wancan na cewa ɗan kama-karya ne, su ne suka hana littafin zama waƙar yabo. Yaron ya koma ya sake zanawa, ya dawo da shafi shida ɗin babu gawa ko ɗaya, kuma sai a lokacin na ji tsoron jarumin nasa.

Don haka kai mai shirin gina naka, ka ji tsoron Allah ka ji tausayin masu karatunka, kar ka je ka ɗauko kakkaurar murya da karya ƙashi ka ce ka yi gado. Ba wa jaruminka layin da ba ya ketarewa, sannan ka yi ta tura shi bakin layin har mai karatu ya fara roƙonsa ya ketare. Ba shi jiki mai gajiya. Ba shi mutanen gari masu musu a kansa a teburin mai shayi, wasu da gaskiyarsu. Ba shi irin Carrie, wadda za ta sa shi ya tuna akwai gobe, don ka tuna littafin nan da ake ce wa baƙi ƙirin ya ƙare ne da Clark, wato Superman, ya ji bugun zuciyar Bruce a maƙabarta ya kashe wa yarinyar ido ɗaya ya yi tafiyarsa, dattijon kuma yana ƙarƙashin ƙasa yana shimfiɗa taswira yana koya wa yara aiki. Kuma don Allah ku rage ɗaukar ilimin littafi daga bakin wanda bai karanta shi ba, datar da kuke ƙonawa a kan bidiyon "abubuwa goma da ba ka sani ba" ta isa ku karanta kashi guda a nutse.

In kuɗi ya sake shigowa kuma yayan naka zai sake tafiya, ce masa ya sayo maka Batman: Year One na 1987, Miller ne ya rubuta David Mazzucchelli ya zana, asalinsa Batman na 404 zuwa 407 ne, siriri ne ba zai yi masa nauyi a jaka ba, kuma ga mai koyon zane ya fi duk ci gaban nan amfani in an haɗa su. Bayan shi in kana son sanin me ya faru da Jason a duniyar littafinka sai ka nemi The Last Crusade. Abokin naka kuma ka ara masa littafin, ka sa masa 'yar takarda a shafin da aka karya bindigar, amma ka ce ya wanke hannu kafin ya taɓa.